Iyaka da Burtali: Dokar Ƙasa da Ƙasa a Mahangar Ƙasar Kurfai

Kwarin Dallol Bosso, wanda garin Filinge yake cikinsa kimanin kilomita 180 arewa maso gabas da Yamai, ya gangaro ne daga Azawak ta wajen iyakar Mali, ya ratsa ƙasar Kurfayawa da ta Zabarmawa, ya faɗa kogin Neja daf da iyakar Benin. Da yake ruwan rijiya ba ya da nisa a cikinsa, Fulani da Buzaye sun daɗe suna bin sa da dabbobi, su yi arewa da damina don kauce wa gonaki, su dawo kudu bayan sakin gonaki. Saboda haka duk yarjejeniyar da gwamnatoci suka ƙulla kan iyaka ko zirga-zirga, a wannan kwari ake ganin amfaninta ko rashinsa, kuma daga nan ya fi dacewa a auna abin da masana dokar ƙasa da ƙasa suka rubuta game da Nijar.

Mafi yawan rubuce-rubucen sun karkata ne ga shata iyaka. Tushensu shi ne ƙudurin da Ƙungiyar Haɗin Kan Afirka ta zartar a Alƙahira a 1964, cewa kowace ƙasa za ta riƙe iyakar da ta gada ranar samun ƴancin kai, ƙa'idar da Kotun Duniya ta ƙarfafa a shari'ar Burkina Faso da Mali a 1986. Nijar ta je gaban wannan kotu sau biyu: a 2005 aka tabbatar mata da tsibirin Lete a shari'arta da Benin, a 2013 kuma aka raba gardamarta da Burkina Faso. Ba ƙaramin alheri ba ne a ce alƙalai sun kashe rigimar da a wasu wurare bindiga ce take kashe ta. Sai dai hujjar da aka dogara da ita a 2013 takardar gwamnan mulkin mallaka ce ta 1927 da gyaran da aka yi mata, sai taswirar Faransawa ta 1960, wato ganin baƙon da ya zana ƙasa ya rinjayi sanin wanda yake kiwo a kanta. Kotun ta nuna fatan ƙasashen biyu su kula da bukatun makiyaya, alƙali Cançado Trindade na Brazil ma ya faɗaɗa batun a ra'ayinsa na daban, amma fata ba hukunci ba ne, kuma masu sharhi sun fi ɓata tawada kan layin da aka ja fiye da mutanen da layin ya raba.

Reshe na biyu shi ne na dokokin haɗewar yanki. CEDEAO, ƙungiyar ƙasashen Afirka ta Yamma wadda aka kafa a Legas a 1975, ta amince da ƴancin zirga-zirgar mutane a 1979, sannan a 1998 ta yanke shawarar da ta halatta tsallaka iyaka da garke ga wanda yake riƙe da takardar shaida mai nuna yawan dabbobinsa da rigakafin da aka yi musu da hanyar da zai bi. Nijar ta ƙara da dokarta ta kiwo ta 2010, wadda ta ɗauki yawon kiwo a matsayin haƙƙi. Raunin wannan reshe shi ne yana auna nasara da yawan sa hannu. Lokacin da Najeriya ta rufe iyakokinta a Agustan 2019, Benin kuma ta hana shigar garkunan ƙetare a ƙarshen wannan shekara, babu harafi ɗaya da ya canza a takardun, alhali makiyayin da ya saba gangarawa kudu da rani ya tarar da hanya a toshe.

Masu binciken zamantakewa sun fi kusantar gaskiyar lamarin. Cibiyar LASDEL da aka kafa a Yamai a 2001, musamman ta ayyukan Jean-Pierre Olivier de Sardan, ta nuna cewa ma'aikata suna aiki ne da wasu ƙa'idoji na yau da kullum waɗanda ba a rubuta ba, kuma su ne suke yanke abin da zai faru a shinge ko a bakin rijiya. Amma wannan bincike yakan tsaya ga bayyana halin da ake ciki, ba kasafai yake bin sawun inda wanda aka zalunta zai kai ƙara ba. Hanyar kuwa ta taɓa samuwa, domin a 2008 Kotun CEDEAO ta zauna a Yamai ta umarci gwamnatin Nijar ta biya Hadijatu Mani diyyar sefa miliyan 10 saboda gaza kare ta daga bauta.

Wannan ƙofa ce ficewar Nijar daga CEDEAO, wadda ta tabbata ranar 29 ga Janairun 2025, ta rufe. Ƙawancen ƙasashen Sahel na AES, wanda Mali da Burkina Faso da Nijar suka ƙulla a Satumban 2023 ta yarjejeniyar Liptako-Gurma, ya haɗa Kurfai da maƙwabtanta na arewa a ƙarƙashin inuwa ɗaya, amma rashin tsaro tsakanin Abala ta Nijar da Menaka ta Mali ya hana a ci moriyar hakan, yayin da makiyayar rani ta Benin da kasuwannin dabbobi na Najeriya suka koma wajen ƙawancen. CEDEAO ta ce za a ci gaba da mutunta ƴancin zirga-zirga har sai an sake shawara, wanda rangwame ne da za a iya janyewa kowace rana. Aikin da yake jiran malaman shari'a na Jami'ar Abdu Mumuni shi ne su tantance wace yarjejeniya ce har yanzu take ɗaure Nijar da Benin da Najeriya kan kiwo, wace hukuma ce za ta ba da takardar tsallaka iyaka da ɗaya ɓangaren zai karɓa, kuma wace kotu ce za ta saurari makiyayin Kurfai idan aka kama masa garke a ƙetare.