Kyamara a Inuwar Wanzami

Ranar Talata, idan kasuwar Talata Mafara ta cika, manoman da ke noman rani da ruwan madatsar Bakolori, daga Bakura har Maradun, sukan kawo ciwon bayansu gaban wanzami a sa musu ƙaho. Kowane mai waya yana iya ɗaga ta minti biyu ya watsa a TikTok ya wuce abinsa. Mai yin fim na gaskiya a kan wannan sana'a kuwa, aikinsa yana farawa tun jakar kyamara tana rufe.

Da fari sai ya je gaida Sarkin Aska, shugaban wanzamai, ya nemi izini. Sannan ya zauna kallo, kasuwa bayan kasuwa, har ya haddace tafiyar hannun. Wanzami zai buɗe zabira, wato jakar fatar da yake zuba kayan aiki, ya wanke wurin da ruwa, ya kafa ƙaho, ya zuƙe iska ta ƴar kafar da ke tsininsa, ya toshe ta da ɗan abin da ya riƙe a baki. In fata ta tasa sai ya cire, ya yi ƙananan tsaga da aska, ya mayar da ƙahon ya sake zuƙa. Tsagar nan kafin ka ce kwabo an gama, kuma ba damar a ce, "Baba, a maimaita," don fatar mutum ce. Saboda haka tun wanzami yana goge askarsa mai ɗauka ya riga ya durƙusa, rana tana bayansa, ya saita gilashin kyamara daidai inda askar za ta sauka. Abokin aikinsa kuma ya matso da makirufo dab da ƙahon, ya kama ƙarar zuƙa kafin hayaniyar ƴan kasuwa ta danne ta. Fuskar majinyaci ba ta shiga sai da yardarsa.

Wannan haƙuri yana da magabata. Jean Rouch, Bafaranshen da ya shafe shekaru yana fim a Nijar, ya yi aiki da kyamara mai wani, wadda ba ta wuce daƙiƙa 25 sai ta tsaya. Da irinta ya ɗauki ƴan Hauka, masu hawan iskoki, a Akara ta ƙasar Gana, a fim ɗin da ya fito a 1955. Mai irin wannan kyamara dole ya san abin da zai faru kafin ya faru. Abokin tafiyar Rouch, Damouré Zika, shi kansa mai magani ne.

Wuri mafi wuya shi ne tambaya. Wanzami zai ce mataccen jini ya fitar. Gwanin mai fim ba ya gardama, ba ya kuma gyaɗa kai don neman shiri, yakan ce, "Baba, yaya ake gane shi?" ya yi shiru, ya bar amsar ta fito da tsawonta. Daga nan ya nufi asibiti ya ji ta bakin likita kan hatsarin aska ɗaya ga mutum biyu, musamman ciwon hanta. A kwamfuta yakan jera maganganun biyu ba tare da ya datse wa kowa numfashi ba.

Rouch yakan mayar da fim wurin mutanen da ya ɗauka su gani, kuma mai bin sawunsa haka zai yi. In wanzami ya kalla ya ce an sa tsaga kafin a fara kafa ƙaho, sai a koma kwamfuta a gyara.