Kundin da Ba a Taɓa Rubutawa Ba

A adabin Turai da nahiyar Amurka akwai wata al'ada da ta cancanci nazari. Marubuci zai ƙago littafi a cikin labarinsa, ya raɗa masa suna, ya ba shi mawallafi da shekarar rubutu, ya ce a cikinsa aka tattara sirrin alamomi da ma'anonin duniyoyin da ido ba ya gani, alhali littafin babu shi a doron ƙasa. A ganina, kwarjinin irin wannan kundi daga abu biyu yake fitowa: salsalar da aka gina masa, da ɗan gutsuren da ake ɗanɗana wa mai karatu a hana shi sauran.

Dubi Necronomicon, wanda Ba'amurke H. P. Lovecraft ya fara ambata a wani labari da aka buga a 1924. A 1927 ya zauna ya tsara masa tarihi: wai wani mawaƙin San'a, Abdul Alhazred, ya rubuta shi a Dimashƙa wajen shekarar 730, aka juya shi zuwa Girkanci a 950, zuwa Latin a 1228, Fafaroma ya haramta shi a 1232. Duk wanda ya zauna gaban malamin zaure ya san wannan tsari, domin da "wane ya karɓa daga wane" ake tabbatar da ingancin littafi. Lovecraft rigar sanadi ya ara ya yafa wa abin da babu. Ɗinkin ma bai yi kyau ba, don ɗalibin nahawu zai lura cewa "Abdul" ta riga ta haɗiye alif da lam, sai ga wata "al" ta biyo baya. Duk da haka mutane sun yi ta rubuto masa wasiƙa suna tambayar inda za su sami kwafi.

Jorge Luis Borges na Ajantina ya kai al'adar ƙololuwa a 1940, a labarin duniyar Tlön. Mujalladi na 11 kaɗai mai ba da labarin ya samu daga kundin ilimin wannan duniya, mai shafi 1001, adadin da ke tuna wa mutum Dare Dubu da Ɗaya. A wani yankin Tlön harshensu ba shi da sunaye sai aikatau, saboda haka babu kalmar "wata", sai dai a faɗi abin da watan ke yi. Da wannan misali ɗaya mai karatu yake cika sauran mujalladan da tunaninsa, kuma abin da ya cika da kansa ya fi kama shi.

Wasu za su ce ragwanci ne, marubuci ya gudu daga wahalar rubuta littafin. Amsar tana cikin abin da ya faru a 1977, lokacin da aka buga wani Necronomicon a New York da sunan wani Simon, aka cika shi da hatimai da sunayen allolin Mesofotamiya. Ya samu kasuwa sosai, amma da ya zama takarda mai farashi, tsoron ya gushe, domin babu shafin da zai iya ɗaukar nauyin alkawarin da aka yi. Ƙorafi na biyu ya fi nauyi, wato cewa yaudara ce. Lovecraft dai bai ɓoye wa masu tambayarsa cewa ƙage ne ba. Borges kuwa wannan hatsarin shi ne jigon labarinsa, inda a ƙarshe mutane suka rungumi Tlön saboda tsarinta ya fi na duniyarsu daidaito, har makarantu suka koma koyar da tarihinta a madadin nasu.