Mutumin Kogo da Bagidaje: Wa Ake Yi wa Dariya?

Masu barkwancin Ingila suna da wani wawa da suke ji da shi, wato mutumin kogo: ga warki, ga kulki, ga gashi buzu-buzu. A fim ɗin Carry On Cleo na 1964 har akwai wanda ya ƙera ƙafar keke mai kusurwa huɗu, yana jiran yabo. Hikimar a nan ita ce, wanda ake zolaya ya mutu tun dubban shekaru, ba shi da dangin da za su ji zafi.

To mu fa? Da muka tashi neman namu wawan, sai muka nufi ƙauye muka ɗauko bagidaje. Ya shigo birni, ya ga fanka ya ruga, ya yi tuntuɓe, a kwaɗa masa sanda, 'yan kallo su bushe da dariya. Amma shi wannan yana nan da ransa. Shi ne manomin Ƙanƙara da Faskari da Sabuwa, wanda masararsa ke ciyar da masu yi masa dariyar.

Ba cewa muke faɗuwa da guje-guje aibi ne ba. Marigayi Rabilu Musa Ibro, wanda ya rasu a 2014, da motsin jiki kawai yakan sa mutum riƙe ciki. Illar tana ga masu kwaikwayonsa, waɗanda suka ɗauki faɗuwar suka bar basirar. Dubi kuma Samanja na marigayi Usman Baba Pategi. Soja ya sa a gaba, mai ɗamara da tsawa, a zamanin da sojan ke mulki. Zolayar mai ƙarfi ita ce gwaninta. Ta marar ƙarfi kuwa cin zali ne.

Ko a al'adarmu, barkwanci ba ya tafiya da ƙafa ɗaya. Bakano ya tsokani Bazazzage, Bazazzage ya rama. Haka Bafulatani da Babarbare. Shi bagidajen wasanninmu ba a ba shi bakin ramawa.

Saboda haka, ɗan'uwa marubuci, in ka kawo baƙauye birni ya sha kunya, daure ka kai ɗan birni gona, a miƙa masa fartanya, a ce ya bambanta gero da dawa tun suna shuka. A nan za a ga bagidajen gaskiya.

Allah Ya sa mu gyara.