Saje Rutledge: kotun John Ford da kotun tarihi

A shekarar 1960 John Ford ya fito da fim ɗin "Sergeant Rutledge", wanda a Faransa aka sa ma suna "Le Sergent noir". Labarin Braxton Rutledge ne, sajen baƙar fata na runduna ta 9 ta sojan doki, da aka gurfanar gaban kotun soja a Arizona a 1881 bisa zargin yi ma wata yarinya farar fata fyaɗe da kashe ta tare da mahaifinta. Rundunar kam ba ƙirƙira ba ce: a 1866 majalisar Amurka ta kafa runduna shida ta baƙaƙe, akasarinsu tsofaffin bayi, ƙarƙashin hafsoshi Turawa, kan albashin dala 13 a wata.

Woody Strode ya riƙe fim ɗin da tsayuwarsa da shirunsa. Inda ya fi burgewa shi ne lokacin da ya samu hanyar tserewa, sai ya juyo don ya ceci ƴan'uwansa daga kwanton ɓauna. Duk da haka, sunansa na huɗu ya zo a jerin ƴan wasa.

Raunin fim ɗin yana ga ƙarshensa. Baturen da ya yi laifin ya tona kansa cikin kotu, aka wanke saje, kowa ya tafi gida da kwanciyar rai. A 1881 ɗin nan kuwa aka yi shari'ar gaske a Fort Davis ta Texas. Henry Flipper, baƙar fata na farko da ya gama makarantar hafsoshi ta West Point a 1877, an zarge shi da cin kuɗin gwamnati. Kotu ta wanke shi daga sata, amma ta ce halinsa bai dace da hafsa ba, aka kore shi a 1882. Sai a 1999 shugaba Clinton ya yi masa afuwa, shekara 59 bayan rasuwarsa.

Akwai kuma waɗanda Ford bai ba baki ba sam: Apache. Galibi daga nesa ake hango su, suna faɗuwa daga dawaki, alhali ƙasarsu ce wannan runduna ta taya ƙwacewa lokacin da ta fatattaki Victorio a 1879 da 1880. Wanda ya kalli "Sarraounia" na Med Hondo ya san wannan tambaya, domin sojojin Afirka ne Voulet da Chanoine suka sa gaba har Birnin Ƙonni da Lugu a 1899. Hondo ya tsaya gefen waɗanda aka kai ma hari. A wannan fim ɗin, Ford bai ƙetare kogin ba.