Marilyn Nelson da kambin sonet: amsa ga masu raina amsa-amo

An daɗe ana yanke wa waƙa mai kari da amsa-amo hukunci a Amurka, wai zamaninta ya wuce tun da Walt Whitman ya fito da sakakkiyar waƙa a 1855. A kan sha'irai baƙaƙen fata kuwa hukuncin ya fi tsauri. Cikin shekarun 1960, lokacin da Amiri Baraka da abokan tafiyarsa suke kiran a samar da adabin baƙar fata zalla, sai aka riƙa kallon sonet a matsayin kayan Turawa, wanda bai kamaci jikan bayi ya ɗauka ba. Ni ban yarda da wannan hukunci ba, kuma hujjata mafi ƙarfi ita ce aikin Marilyn Nelson, sha'ira kuma malamar koyar da rubutu, musamman littafinta na 2005 mai suna A Wreath for Emmett Till, wato kambin furanni don Emmett Till.

An haifi Nelson a 1946 a Cleveland ta jihar Ohayo. Mahaifinta yana cikin sojojin sama baƙaƙe da aka horar a Tuskegee, mahaifiyarta malamar makaranta ce, don haka ta tashi tana yawo daga wannan barikin soja zuwa wancan. Ta yi digirin digirgir a Jami'ar Minnesota a 1979, ta shafe shekaru tana koyarwa a Jami'ar Connecticut, aka naɗa ta sha'irar jihar daga 2001 zuwa 2006, sannan ta buɗe wani gidan kaɗaici na marubuta mai suna Soul Mountain. Shi ma sonet ɗin tarihinsa a taƙaice yake: ya faro a Sisili a ƙarni na 13, Petrarch ya ɗaukaka shi a Italiya, Shakespeare ya bar guda 154 da Turanci. Ɗango 14 ne, kowane mai gaɓa kusan 10, da juyin tunani a wajen ɗango na tara. Masu cewa ba na baƙaƙe ba ne sun manta Claude McKay ya amsa kashe-kashen baƙaƙen fata na 1919 da sonet, kuma Gwendolyn Brooks ta yi gwaninta a cikinsa. Salon da mutum ya ƙware a kansa ya zama nasa.

Labarin da Nelson ta ɗauko ba mai sauƙin faɗa ba ne. Emmett Till yaro ne ɗan shekara 14 daga Chicago, ya je ziyarar dangi a Mississippi a watan Agusta na 1955. Aka zarge shi da yi wa wata Baturiya rashin kunya a kanti, sai mijinta Roy Bryant da ɗan'uwansa J. W. Milam suka ɗauke shi da dare, suka azabtar da shi, suka harbe shi, suka jefa gawar a kogin Tallahatchie. Masu taya alƙali yanke hukunci, dukkansu fararen fata, suka wanke mutanen biyu, waɗanda bayan 'yan watanni suka amsa laifin a mujallar Look. Mahaifiyarsa Mamie ta ƙi yarda a rufe akwatin gawar, domin duniya ta ga abin da aka yi wa ɗanta. Nelson tana da shekara tara a lokacin.

Da ta zo yi masa marsiyya sai ta zaɓi tsarin da ya fi kowane wuya, wato cikakken kambin sonet. Sonet 15 ne a sarƙe. Ɗangon ƙarshe na kowane ɗaya shi ne ɗangon farko na mai bi masa, sannan na 15 ba shi da sabon ɗango ko guda: an gina shi ne da ɗangayen farko na 14 da suka gabace shi. Ta ƙara wa kanta wani ƙangin, domin haruffan farko na wannan sonet na ƙarshe, idan aka bi su daga sama zuwa ƙasa, suna ba da haruffa uku da Turawa ke rubutawa a kabari don roƙa wa mamaci hutu, sai sunan yaron. A dubi nauyin da ke kan ɗango ɗaya kawai. Dole ya rufe sonet ɗin da ya wuce, ya buɗe na gaba, ya fara da harafin da aka riga aka ƙayyade masa, kuma ya amsa amo a wurare uku mabambanta. Ga shi kuma ta bi tsarin Petrarch, inda ɗango takwas na farko suke juyawa a kan amo biyu kacal, a harshen da bai kai Italiyanci wadatar kalmomi masu amsa juna ba. Duk wanda ya san wahalar tahamisi, inda sha'iri ke ɗora ɗango uku a kan baitin wani ba tare da ya karya ma'ana ko kari ba, zai gane irin aikin.

Abin da ya fi burge ni shi ne yadda ɗangon da ake maimaitawa ba ya dawowa yadda ya tafi. Nelson takan ɗan sauya kalma ko ta sake masa mahalli, sai abin da ya rufe wancan sonet da baƙin ciki ya buɗe wannan da tambaya ko da fushi. Ta wannan hanya take tafiya daga furannin dajin da take tsinkowa don kambin, zuwa bishiyar da ta shaida kisan gilla, zuwa Mamie da take kwatantawa da uwar Annabi Isa a cikin juyayinta, zuwa wata duniyar da take ƙiyastawa inda yaron ya rayu ya girma. Haka makoki yake a zahiri: mai juyayi ba ya tafiya a miƙe, yana komowa kan magana ɗaya, kowace komowa da sabon ciwo. Tsarin ya kama wannan hali fiye da yadda sakakkiyar waƙa za ta iya, domin ita ba ta da abin da ke tilasta mata komowa.

Za a ce irin wannan ƙawa ba ta dace da gawar yaron da aka lalata wa fuska ba, kuma lissafin haruffa wasa ne da hankali a wurin da kuka ya kamata. Wannan suka tana da nauyi, amma ta ɗauka cewa zafin rai yana isa ga mai karatu ne kawai idan an zubo shi ɗanye. Ita Nelson ta bayyana a gabatarwar littafin cewa tsaurin tsarin shi ya zame mata kariya daga raɗaɗin labarin har ta iya rubuta shi. Kariyar nan ba ta tsaya a kanta ba. An buga littafin ne don matasa, da zane-zanen Philippe Lardy, kuma ɗalibi ɗan shekara 14 da zai kau da kai daga hoton gawar yana iya bin ɗango 210 har ƙarshe, saboda kowane sonet yana miƙa shi ga na gaba. Su kuma masu cewa rubuta wa yara ragin daraja ne, ba sa buƙatar doguwar amsa: lambar yabo ta Frost ta 2012 da ta Ruth Lilly ta 2019 ba a ba ta su don tausayi ba.

A nan ne nake ganin malamar da sha'irar suka zama abu ɗaya. Wanda ya shekara da shekaru a gaban aji ya san abin da ke zama a kan ɗalibi bayan an tashi da abin da ke zubewa, kuma abu mai kari da maimaici shi ke zama. Shi ya sa ta sake komawa ga sonet a How I Discovered Poetry na 2014, inda ta ba da labarin ƙuruciyarta cikin guda 50 marasa amsa-amo, kamar yadda ta ba da rayuwar masanin noma George Washington Carver cikin waƙoƙi a 2001. Ajujuwan koyar da rubutu da suke sallamar ɗalibai ba su taɓa gwada ɗango 14 masu amo ba suna hana su kayan aikin da tarihi mai ɗaci ya fi buƙata. Sai a 2022 Amurka ta kafa dokar tarayya da ta sa kisan gilla irin wannan cikin laifukan ƙiyayya, da sunan Emmett Till a kanta, shekara 17 bayan littafin Nelson ya fara shiga hannun ɗalibai.