Makaɗin da ba a san sunansa ba

Ranar wata Juma'a da daddare ina gidan yayata a Nasarawa GRA, muna kallon wani shiri mai dogon zango. Miji ya miƙa wa matarsa takarda, ita kuwa ko uffan ba ta ce ba. Sai wani sauti ya taso a hankali, kamar sarewa daga nesa. Yayata ta share ƙwalla da bakin mayafi. Na tambayi 'yarta ko ta san wanda ya yi kiɗan. Nan take ta jero mini mawaƙa: Nura M. Inuwa, Umar M. Shareef, Naziru Sarkin Waƙa. Na ce ba mai waƙa nake nufi ba, mai kiɗa. Ta ce, "Kai Kawu, wa yake kula da wannan?"

Gaskiyarta. Kuma abin ya girmi Kannywood. A al'adarmu kiɗa ɗan rakiya ne, magana ce uwar tafiya. Kowa ya san Mamman Shata, amma mutum nawa ne za su iya faɗar sunan masu buga masa kalangu? Da finafinan bidiyo suka fara da Turmin Danya a 1990, wannan gadon suka tarar, suka haɗa shi da na Indiya da aka sha kallo a silimun Kano, inda saurayi da budurwa kan ajiye labari gefe su yi rawa.

Abin da ya sauya komai shi ne fiyano. Situdiyo irin na Iyan-Tama suka shigo da Yamaha, mutum ɗaya ya zauna ya fitar da amon kalangu da sarewa da bandiri da yatsu goma. Sangaya, na Ali Nuhu da Fati Muhammad, ya nuna wa furodusoshi cewa waƙa ce ke sayar da kaset. Daga nan aka koma yin waƙa tukuna, sannan a nemo labarin da za a rataya mata. Kuɗi ya tafi ga murya. Kiɗan da ke bin labari a ƙarƙashi kuwa, na fargaba da na makoki, sai aka bar wa mai tace hoto ya tsinto a kwamfuta. Shi ya sa za ka ji sautin da aka binne wani da shi jiya, yau an ɗaura aure da shi.

A wasu wurare kiɗan fim sana'a ce mai zaman kanta. Miklós Rózsa, haifaffen Budapest a 1907, ya ci kyautar Oscar har sau uku a Amurka, ta ƙarshe da Ben-Hur na 1959, kuma ba muryarsa aka sani ba, kiɗansa aka sani.

Ina ganin shirye-shirye masu dogon zango, irin su Daɗin Kowa da Labarina, sun buɗe wata ƙofa. Labarin da za a yi shekaru ana bi ba ya ɗaukar rawa kowane minti goma, dole a sami amon da mai kallo zai ji daga kicin ya gane wane ne ya shigo.

A daren nan na zauna jiran sunayen ƙarshe don in ga na makaɗin. Kafin su iso, talla ta katse su.