Jinjina ga Majistarorin da ke Leƙa Ofisoshin 'Yan Sanda

Sashe na 34 na dokar gudanar da shari'ar laifuka ta Najeriya ta 2015 ya ɗora wa babban majistare nauyin ziyartar ofisoshin 'yan sanda da ke yankinsa aƙalla sau ɗaya a wata. Alƙalan da suka riƙe wannan aiki da gaske sun cancanci jinjina. A yayin ziyarar, alƙali kan buƙaci littafin kame, ya bi sunaye ɗaya bayan ɗaya, ya tambayi ranar da aka kawo kowa, sannan ya ba da beli ko ya umarci a gurfanar da mutum. Tsarin mulki ya ce a kai wanda aka kama kotu cikin kwana ɗaya muddin akwai kotu cikin kilomita 40, amma talaka marar lauya bai san da wannan ba.

Wasu na ganin ziyarar tana cinye lokacin zaman kotu, alhali ƙararraki sun yi jibge. Amma kusan kashi biyu cikin uku na mazauna gidajen gyaran hali jiran shari'a suke yi, kuma daga caji ofis cunkoson yake farawa. Duk ƙarar da aka warware a can ta rage wa kotu kaya.